Wakilin Alƙali a Bakin Iyaka: Nazari kan Rikicin Gonaki a Utai

Garin Utai da ke ƙasar Wudil, inda Malam Bakatsine jagoran Jobawa ya zauna a zamanin jihadi, gari ne na manoma waɗanda gado ke rarraba gonakinsu zuriya bayan zuriya, ga kuma alamomin da magabata suka dogara da su, wato jerin gamba da dashi da tsohuwar kuka da gefen burtali, abubuwa ne da wuta ke ci, gatari ke sarewa, garma kuma ke shafewa sannu a hankali har a wayi gari kunya biyu ko uku sun koma gonar maƙwabci. Mas'alar da wannan maƙala ke dubawa ita ce matsayin wanda kotu ke turawa ya gano iyaka da idonsa.

Fiƙihun Malikiyya bai bar wannan babi a buɗe ba. Fuƙaha'u sun zayyana cewa idan shaidu suka tabbatar wa mutum mallakar fili, alhali masu husuma sun saɓa a kan haddinsa, sai alƙali ya aiki adilai biyu su bi shaidun zuwa wurin, a nuna musu gabas da yamma da kudu da arewa, sa'an nan su komo su faɗi abin da aka nuna musu. Wannan ita ce hiyaza, kuma Ibn Asim a cikin Tuhfatul Hukkam ya bayyana cewa ittifaƙin masu husuma a kan iyakokin yana wadatarwa daga gare ta. Abin lura shi ne aikin adilan nan ƙuntatacce ne ƙwarai, domin ba a aike su su binciko mai gaskiya ba, balle su yi sulhu a gindin bishiya su kawo wa alƙali ya sa hannu. Ko a Indiya, inda dokar shari'ar madaniyya ta 1908 ta halatta wa kotu naɗa wakilin da zai duba wuri, alƙalansu sun sha nanata cewa ba a naɗa shi don ya tara wa wani ɓangare hujja.

A ƙasar Kano kuwa tarihi ya gauraya al'amarin. A zamanin Sarki Abbas, daga 1903 zuwa 1919, majalisar Sarki ce ke sauraron yawancin ƙararrakin gona, kamar yadda rijistarta da Allan Christelow ya nazarta ta nuna, malaman taki kuma awon da suke yi na haraji ne, ba na tabbatar da milki ba. Bayan an raba kotuna da En'e a ƙarshen shekarun 1960, aka kuma kafa dokar amfani da ƙasa ta 1978, sai dagaci da mai unguwa suka rasa ikon hukunci, amma sanin iyakoki ya zauna a ƙirjinsu.

A nan ne, a ganina, illar take. Dagacin da ya halarci ciniki ko jingina ko rabon gado shaida ne, kuma haƙƙin wanda ya yi shaida a kansa ne ya soke shi idan yana da abin suka. To idan aka mai da shi jagoran wakilan kotu, ya zama shi ke nuni shi ke gaskatawa, an toshe ƙofar i'izari, wato damar da ake ba mai husuma ya soki shaidar da aka yi a kansa, ba tare da an sani ba. Haka nan tsawon riƙo, wanda malamai suka ƙaddara da shekara 10 ga bare matuƙar mai fili yana nan ya yi shiru ba da wani uzuri ba, hukunci ne da ke wuyan alƙali, bai kamata wakili ya yanke shi a gona don ya ga shuka ta kai ƙirji ba.

Abin da ya fi dacewa shi ne alƙali ya rubuta wa wakilansa iyakar aikinsu, su je da rani bayan an kawar da kara, a gaban masu husuma da maƙwabtan kusurwa huɗu, tare da ma'aunin ƙasa idan hali ya samu, sa'an nan a karanta rahotonsu a zauren kotu, a tambayi kowane ɓangare ko yana da magana kafin a gina hukunci a kansa.