Illo da karatun sama: daga ganga zuwa littafi

A daren 2 ga Satumba, 1830, wata ya yi zazzaɓi a ƙasar Bargu. Turawan Ingila biyu, Richard Lander da ƙaninsa John, suna Bussa a lokacin, kuma sun rubuta abin da suka gani: gari ya ruɗe da ganguna da ƙaho da kururuwa, kowa na buga abin da hannunsa ya kai. Bayanin da aka ba su shi ne wata ya bar hanyarsa ya shiga ta rana, ita kuwa ta cafke shi, sai an tsorata ta za ta sake shi. Illo, wadda ke gaba da Bussa idan aka bi Kwara sama, tana cikin Bargu a wancan zamani, kuma wannan al'ada ta kiɗa don ceton wata sananniya ce har cikin ƙasar Hausa.

Amma kuskure ne a ɗauka iyakar sanin mutanen ke nan. A da, Illo zango ce a hanyar fataken goro masu zuwa Gwanja, kuma ayari ba ya rasa malami. A jakar malamin akwai hisabi: taurari 28 da wata ke sauka a cikinsu, kowanne da kwana 13, in ban da Jabha mai 14. A haɗa, an sami kwana 365 cif. Wannan lissafi ya fi watannin Hijira amfani ga manomi, domin su suna zagayawa, yau azumi a damina, bayan wasu shekaru a hunturu, shi kuwa yana tafiya da rana. Idan malam ya ce an shiga Nasara ko Ɗarfa, mai gero ya san damina ta kankama, mai shinkafar fadama kuma ya fara sa ido a kan kogi. Wanda bai yi karatu ba ma yana da nasa: Kaza da 'Ya'yanta, wadda malamai ke kira Surayya, da Gamzaki mai tada matafiyi da asuba.

Malaman jihadi sun ja layi a nan. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi rubutu yana gargaɗi a kan masu duba da taurari, alhali sanin lokutan salla da alƙibla da ganin wata bai taɓa zama abin zargi ba.

Abin mamaki, ita kanta iyakar da ta raba Illo da 'yan uwanta na Jamhuriyar Binin tana da alaƙa da sama. Yarjejeniyar Ingila da Faransa ta 14 ga Yuni, 1898 ta ce layin zai taɓa Kwara a mil 10 sama da Giris, mashigin jiragen Illo. Masu awon iyaka na wancan zamani ba su da tauraron ɗan'adam; da dare suke kafa na'urarsu, su auna tsayin tauraro, su duba agogo, sannan su san inda suke a taswira.

Littafin boko ya zo a makare. A 1949 Rupert East da Abubakar Imam suka fitar da Ikon Allah a Zariya, suna bayyana halittu da yadda duniya take cikin Hausa mai sauƙi, kuma sunan da suka zaɓa dabara ce, don kada iyaye su ga kimiyya kamar kishiyar addini. A 1969, shekarar da 'yan sama jannatin Amurka suka taka wata, Umaru Dembo ya wallafa Tauraruwa Mai Wutsiya, labarin wani yaro Kilba da aka yi yawo da shi a sararin samaniya. Ƙagaggen labari ne, amma ya buɗe wa ɗalibai da yawa ido.

Daga nan rijiyar ta kusa ƙafewa. Najeriya ta kafa hukumar sararin samaniya a 1999, ta harba tauraron ɗan'adam NigeriaSat-1 daga Rasha a Satumban 2003, amma yaron Illo da ke son sanin yadda abin ke zagaya duniya bai faɗo ba, akasari sai ya nemi bayanin da Turanci, ɗan uwansa na tsallaken iyaka kuma da Faransanci.