Laifi da Rashin Laifi a Farawa Sura 2 zuwa 4

Sura 2 zuwa 4 ta Littafin Farawa tana ɗauke da labarai biyu da suke tafiya tare: na Adamu da Hawwa'u a gonar Aidan, da na 'ya'yansu Kayinu da Habila. A cikinsu ne Littafi Mai Tsarki ya fara nuna mene ne laifi, wane ne marar laifi, da yadda Allah yake yi da kowannensu. Koyarwar a taƙaice ita ce: Allah ba ya ɓoye laifi, ba ya yashe mai laifi, ba ya kuma mantawa da wanda aka zalunta.

Kalmomi huɗu

Hausa tana da kalmomi da suke taimaka wa mai karatu. Zunubi shi ne saɓa wa Allah. Laifi shi ne abin da mutum ya aikata wanda za a tuhume shi a kai. Alhaki shi ne nauyin cutar da aka yi wa wani, shi ya sa ake cewa alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi. Kunya kuwa iri biyu ce. Akwai kunyar tarbiyya, wadda muke yabon yaro da ita, akwai kuma kunyar wanda asirinsa ya tonu. Ta biyun ce ta shigo a sura 3.

Adamu da Hawwa'u

Sura 2 ta ƙare da mutum da matarsa tsirara, ba su kuwa jin kunya (2:25). Ba rashin tarbiyya ake nufi ba. Ba su da abin ɓoyewa ne, ko ga juna ko ga Allah. A Ibrananci, kalmar tsiraici a wannan aya da kalmar wayon maciji a aya ta gaba (3:1) sun yi kusan zama ɗaya a furuci. Mai sauraro na farko zai ji cewa sun nemi wayo, sai suka ƙare da ganin tsiraicinsu.

Bayan sun ci 'ya'yan itacen, abu uku suka biyo baya: suka ɗinka ganyen ɓaure suka rufe jiki, suka ɓuya, suka kuma tura laifi. Adamu ya nuna matar, har ya shafa wa Allah da ya ba shi ita. Hawwa'u ta nuna maciji. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

A lura da yadda Allah ya bi da shari'ar. Bai fara da hukunci ba, da tambaya ya fara, domin ya ba su zarafin faɗin gaskiya. Kalmar la'ana ta faɗa a kan maciji da ƙasa (3:14, 17), ba a kan mutumin ko matar ba. Wahala da mutuwa sun tabbata, an kuma kore su daga gonar, amma kafin su fita Allah da kansa ya yi musu tufafin fata (3:21).

Kayinu da Habila

Sura 4 ta bi sawun sura 3: gargaɗi, aikata laifi, tambayar Allah, kauce wa amsa, hukunci, sa'an nan alamar jinƙai. Amma abin ya ƙara muni. Adamu ya amsa cewa ya ci, Kayinu kuwa ƙarya ya yi, ya ce bai san inda ɗan'uwansa yake ba. A wannan karo la'anar ta sauka a kan mutumin kansa (4:11).

A 4:7 ne kalmar zunubi ta fara bayyana a Littafi Mai Tsarki, an kwatanta shi da abin da ya yi kwanto a bakin ƙofa. Allah ya gargaɗi Kayinu tun fushi yana cikin zuciya, kafin ya kai hannu. Saboda haka Kayinu ba zai ce tilas aka yi masa ba.

Habila bai furta ko kalma ɗaya ba a dukan labarin. Sunansa a Ibrananci daidai yake da kalmar da take nufin tururi ko numfashin da yake ɓacewa nan da nan. Amma bayan ya mutu, jininsa ya yi kuka daga ƙasa, Allah kuwa ya ji (4:10). Ba mai shaida a saura, sai Allah ya zama mai shaida.

Sa'ad da Kayinu ya koka a 4:13, kalmar Ibrananci da ya yi amfani da ita tana iya nufin laifi, tana kuma iya nufin hukunci. Don haka waɗansu masu fassara suna ganin nadama a maganarsa, waɗansu suna ganin tsoron azaba kawai. Ko ma wanne ne, Allah ya sa masa alama domin kada kowa ya kashe shi (4:15). Ramuwa ba ta hannun mutum.

Yadda magabatan ikilisiya suka karanta

Ireniyus, bishop na birnin Liyon a ƙasar da yau ake kira Faransa, ya rubuta wajen shekara ta 180 cewa Adamu da Hawwa'u kamar yara suke, ba su riga sun balaga cikin sanin Allah ba, suka yi gaggawar kama abin da lokacinsa bai yi ba. Agustin (354–430), bishop na Hippo a Aljeriya ta yau, ya fi nanata girman faɗuwar. Bisa ga Romawa 5:12-21 ya koyar cewa dukan zuriyar Adamu an haife su cikin zunubi, ba kuwa mai iya fita sai ta alherin Allah. Pelagiyus ya yi jayayya da wannan, amma taron ikilisiya na Kartaj a shekara ta 418 ya ƙi koyarwarsa.

Sai a riƙe wannan tare da Ezekiyel 18 da Maimaitawar Shari'a 24:16. Mun gāji halin zunubi, amma ba a kama ɗa da laifin da ubansa ya aikata. Kayinu da Habila uwa ɗaya uba ɗaya suke, duk da haka Yesu ya kira Habila adali (Matiyu 23:35).

Maƙwabtanmu Musulmi sun san waɗannan labarai. Alƙur'ani ya ba da labarin 'ya'yan Adamu biyu a Suratul Ma'ida, malamai kuma suna kiransu Habila da Ƙabila. Musulunci yana koyar da cewa Adamu ya tuba aka gafarta masa, ba a kuma gadon zunubi. Sanin inda muka haɗu da inda muka rabu yana sa hira ta tafi cikin gaskiya da ladabi.

Kuskure uku da za a guje musu

A Roni, inda mishan ɗin SIM ya yi tasha da makarantar yara maza tun zamanin Turawa, da Kazaure, Gwiwa da Babura, yawancin masu bi manoma ne. Suna noma gero, dawa da gyaɗa, suna zaune kusa da makiyaya. Idan kaka ta yi, shanu suka bi ta gefen gonaki kafin a kwashe amfani, rai yakan ɓaci. A irin wannan wuri karatun Farawa 4 ba wasa ba ne.

Na farko, labarin bai ce Allah ya fi son makiyayi a kan manomi ba, bai kuma ba manomi dalilin ƙin makiyayi ba. Allah ne ya ba Adamu aikin gona tun kafin faɗuwa (2:15), Littafin Firistoci sura 2 kuma ya karɓi hadayar hatsi. Nassin ya ce Habila ya kawo 'ya'yan fari na garkensa da kitsensu, Ibraniyawa 11:4 kuwa ta ce bangaskiya ce ta bambanta hadayarsa. Zuciya ake dubawa, ba sana'a ko ƙabila ba.

Na biyu, alamar Kayinu ba baƙar fata ba ce. Nassin bai faɗi kamanninta ba, ya faɗi amfaninta ne kawai, wato kāriya. Waɗanda suka yi amfani da ita, da kuma la'anar Kan'ana a Farawa 9:25, don halatta bautar da baƙar fata, sun karkatar da Maganar Allah.

Na uku, ba a ɗora wa mata laifin faɗuwa su kaɗai. Adamu ne aka ba umarnin (2:16-17), shi ma ya ci, shi Allah ya fara kira (3:9), sunansa kuma Bulus ya ambata a Romawa 5.

Daga Habila zuwa Almasihu

Sura 4 ta nuna inda ramuwa take kaiwa. Lamek, daga zuriyar Kayinu, ya yi fahariyar kashe mutum saboda rauni, ya ce za a rama masa sau saba'in da bakwai (4:23-24). Sa'ad da Bitrus ya yi tambaya a kan gafara, Yesu ya ɗauki irin wannan lissafi ya mayar da shi na yafewa (Matiyu 18:21-22).

Ibraniyawa 12:24 ta jera jinin Habila da jinin Yesu, ta ce na Yesu ya fi kyakkyawar magana. Jinin Habila yana neman a yi shari'a. Jinin Yesu, marar laifi na gaskiya, ya cika shari'ar ya kuma buɗe ƙofar gafara. Saboda haka idan aka yi ɓarna a gona, ko aka zubar da jini, mai bi zai faɗi gaskiya, ya kai ƙara wurin mai unguwa, dagaci ko hukuma, ya nemi a biya wanda aka cuta. Amma ba zai kama wanda bai ji ba bai gani ba don yarensu ɗaya da mai laifin. Kafin ya tuhumi wani kuma, sai ya fara amsa tambayar da aka yi wa Kayinu game da ɗan'uwansa.