Belin Miji da Tarihin Dokar Dukan Mata a Sakkwato

A Indiya, mijin da ya ji ƙishin-ƙishin matarsa ta kai ƙararsa kan azabtarwa yana iya zuwa kotu ya nemi beli tun kafin a kama shi. Mu a Sakkwato sai an kama mutum ake maganar beli, sa'an nan a shiga neman mai tsaya masa. Sau da yawa ƙofarmu masu hidima ake fara ƙwanƙwasawa.

Kafin mu sa hannu, mu san inda dokar ta fito. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, a littafinsa Nurul Albab, ya soki malaman da ke barin matansu cikin jahilci suna morarsu kamar kayan ɗaki. Amma dokar Final Kod ta Jihar Arewa, wadda ta fara aiki a 1960, ta ba miji damar horar da matarsa a sashe na 55, in al'adarsu ta yarda, muddin bai yi mata mummunan rauni ba. Ɗaya daga cikin ma'aunan wannan rauni kuwa shi ne ciwo mai tsanani na kwana 20. Ta kwana 19 tana jinya, bai kai ba ke nan!

Sai a 2015 Tarayya ta yi dokar VAPP, wadda ta tsaya a Abuja. Gwamna Aminu Waziri Tambuwal ya sa hannu a kan ta Sakkwato a 2021. Yanzu mace na iya neman kotu ta hana miji kusantarta. Mai tsayawa beli kuwa alkawarinsa ɗaya ne, ya kawo mutumin ranar da aka neme shi. Takardar ba ta tambayar inda matar za ta kwana a daren da aka sake shi.