Daga Peugeot 504 zuwa Camry: janti ya girma, roba ta ragu

Peugeot 504 ta fito a 1968, kuma masana'antar Kaduna da ta fara aiki a 1975 ta daɗe tana haɗa ta. Jantinta inci 14 ne, gefen tayarta mai tsayi, shi ke shanye dukan ramuka. Camry ta yau kuwa daga inci 16 take farawa, wasu har 19, roba ta sirance don ado da riƙe kwalta.

Malamai da iyaye, ku karanta jikin taya kafin ku biya. A 205/65 R16, faɗi milimita 205 ne, tsayin gefe kashi 65 cikin ɗari na faɗin, janti inci 16. Ni dai, in motar za ta riƙa kai yara ƙauye, 16 nake zaɓa: ramin da take wucewa lafiya kan lanƙwasa janti 19.