Daga Dandali Zuwa Filin Ƙwallo: Wasa da Abota a Littattafan Hausa

A ƙasar Bici, inda gona ke manne da gona, ƙauye kuma ke hango ƙauye, kaka ita ce lokacin wasa tun kaka da kakanni. Da zarar gero da dawa sun shiga rumbu sai dandali ya cika: 'yanmata na gaɗa da rawar kalangu, samari na langa da kokawa, 'yan dambe kuma na bin garuruwa da makaɗansu. A nan yarinya ke samun ƙawar da za ta tsaya mata ranar aure, yaro ya sami wanda zai zama babban abokinsa. Rawa da gasa da abota duk a fili guda suka tashi. Wannan maƙala za ta bi sawun yadda filin ya shiga littafi, da abin da ya sa kullum yake shiga a makare.

Rubutun Hausa na farko a hannun malamai yake, da ajami, kuma wa'azi da fiƙihu da yabon Annabi ne suka fi yawa a cikinsa. Malaman jihadin 1804 sun ɗauki kiɗa da cuɗanyar maza da mata a matsayin abin yi wa gargaɗi, don haka dandali ya fara shiga takarda ne ta bakin masu tsawata masa. Masu rawar da kansu ba su bar mana nasu bayanin ba.

Zuwan boko bai sauya wannan nan take ba. A 1933 Hukumar Fassara ta Zariya, ƙarƙashin Rupert East, ta shirya gasar ƙagaggun labarai, wadda ta haifar da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Bello Kagara, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo. Imam da Ɓalewa tsofaffin ɗaliban Kwalejin Katsina ne, makarantar da Turawa suka ɗauki wasa da muhimmanci a cikinta, har wasan buga ƙwallo a bango da tafin hannu ya zame wa Sardauna Ahmadu Bello abin so tsawon rayuwarsa. Duk da haka, da suka ɗauki alƙalami sai suka nufi tafiye-tafiye da yaƙi da bauta. Abin da ke gabansu kullum, wato filin wasa da abokan aji, bai kai matsayin labari ba a idonsu.

Wadda ta buɗe wannan ƙofa ba ta taɓa zama a aji ba. Baba ta Karo, tsohuwa daga ƙasar Kano, ta ba Mary Smith labarin rayuwarta tsakanin 1949 da 1950, aka buga shi da Turanci a 1954, bayan rasuwarta. A cikinsa ne ake ganin 'yanmata na zuwa kasuwa su yi rawa gaban makaɗa, ana ganin yadda ake ƙulla ƙawance da musayar kyauta, da yadda ƙawa ke ɗauke wa ƙawarta nauyin biki da suna. Baba ta nuna cewa ƙawance yarjejeniya ce mai ƙa'ida, wadda mace ke jingina da ita idan aure ya yi tsami. Sai dai shekaru da yawa suka wuce kafin littafin ya fito da Hausa, harshen da ta yi maganar da shi.

Masana Hausa sun waiwayi dandali sosai a farkon shekarun 1970. Ibrahim Yaro Yahaya ya fitar da jerin Tatsuniyoyi da Wasanni, Umaru Dembo kuma ya rubuta Wasannin Yara. Lokacin bai zo a banza ba: makarantun firamare na ƙaruwa, har aka kai ga shirin ilimi kyauta na 1976, kuma malamai na bukatar abin koyarwa da harshen gida. Ma'ana, wasa ya hau takarda ne daidai lokacin da yara suka fara barin dandali suna komawa aji. An tsirar da waƙoƙi da ƙa'idoji, amma sunayen gwanaye da labarin wanda ya kayar da wane sun bi iska.

Daga tsakiyar shekarun 1980 adabin kasuwar Kano ya ba abota sabon gurbi. Marubuta irin su Balaraba Ramat Yakubu da Ado Ahmad Gidan Dabino da Bilkisu Funtuwa sun kawo rayuwar samari da 'yanmata cikin labari, kuma a irin waɗannan littattafai ƙawa ce ke ɗaukar wasiƙa, ita ke ba da shawara, wani lokaci ita ke cin amana. Rawa kuwa ta koma finafinai, inda ta jawo muhawarar da ta taimaka wajen kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a 2001. Gasa ce kaɗai aka bari a baya.

Alhali kuwa gasa ba ta mutu ba, wuri ta sauya. Ƙwallon kwando, wanda James Naismith ya ƙirƙiro a Amurka a 1891, a makarantu ya yi ƙarfi. Gasar jami'o'in ƙasar ta fara a 1939, kuma an rubuta littattafai masu yawa a kanta. A Nijeriya ma makarantu ne gidansa. Gasar jami'o'i ta NUGA ta fara a 1966, kwalejojin ilimi irin ta tarayya da ke Bici kuma suna da tasu gasar, NICEGA. A Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, mai horarwa Oliver Johnson ya shafe shekaru yana renon matasa, cikinsu har da Masai Ujiri, wanda ya tashi a Zariya, ya kuma shugabanci ƙungiyar Toronto Raptors lokacin da ta ci kofin NBA a 2019. A irin waɗannan filaye ɗan manomi daga Bici kan miƙa ƙwallo ga wanda ba su haɗa harshe ko addini ba, su kwana a aji guda idan an fita gasa, su raba abinci da baƙin cikin shan kaye. Wannan abota ce irin ta dandali, amma da wuya mai karatun ƙagaggun labaran Hausa ya ci karo da ita.

Tarihin nan darasi guda yake maimaitawa: marubucin Hausa kan jira wasa ya tsufa kafin ya ga darajarsa, sa'annan ya rubuta shi cikin kewa, bayan waɗanda suka yi shi sun kau. Baba ta tsira daga mantuwa ne don an zauna da ita tun tana da rai. Tsofaffin da suka yi gaɗa a ƙauyukan Bici suna nan, haka ma waɗanda suka fara jefa ƙwallo a kwando a Zariya da Kano. Hausawa na cewa da zafi-zafi akan bugi ƙarfe, kuma wannan ƙarfen bai huce ba tukuna.