Shekarar 1954: Yadda Amurka Ta Sa Wa Littattafan Zane Takunkumi

Duk wanda ya ga yadda matasa ke tururuwar kallon finafinan Spider-Man da Black Panther zai ɗauka Amurka ta daɗe tana alfahari da littattafan zanen da waɗannan jarumai suka fito daga ciki. Tarihi bai nuna haka ba. A watan Oktoba na 1948, a wani ƙaramin gari mai suna Spencer a jihar West Virginia, 'yan makaranta suka tara irin waɗannan littattafai suka cinna musu wuta da amincewar manya. A Disamba aka maimaita a Binghamton ta jihar New York, shekara 3 kacal bayan faɗuwar Hitler, wanda duniya ta la'anci gwamnatinsa kan ƙona littattafai. Fushin da ya hura wannan wuta shi ne ya haifi ƙa'idojin tacewa na 1954, kuma ra'ayina a kansu shi ne: damuwar iyaye tana da tushe, amma maganin da aka kawo bai gyara tarbiyyar kowa ba, sai dai ya rufe bakin marubutan da suka fi kowa abin faɗa.

Sana'ar ta kankama ne a 1938, lokacin da wasu samari biyu 'yan Cleveland, Jerry Siegel da Joe Shuster, 'ya'yan Yahudawa 'yan ci-rani, suka sayar da Superman ga kamfanin da ya buga Action Comics a kan dala 130. Littafin senti 10 ake sayar da shi, a kan takarda mai arha irin ta jarida. (Kwafi ɗaya na wannan fitowa ta farko an yi gwanjonsa a kan dala miliyan 6 a 2024.) Batman ya biyo baya a 1939, sannan Captain America, wanda bangon fitowarsa ta farko ya nuna shi yana naushin Hitler tun Amurka ba ta shiga yaƙi ba. Sojoji sun tafi fagen daga da littattafan nan a aljihu, suka dawo gida magidanta, kuma ba su daina karantawa ba. Abin da ya sauya shi ne abin da suke so. Jarumai masu tashi sama suka ja baya, labaran soyayya da na 'yan fashi da na ban tsoro suka cika kasuwa, ana sayar da gomman miliyoyin kwafi a kowane wata. A nan matsalar ta ke: littafin da aka rubuta don tsohon soja da wanda aka rubuta don ɗan shekara 8 a kanta ɗaya ake jera su, farashinsu ɗaya, babu wata alama da ke raba su.

Mutumin da ya jagoranci yaƙi da su, Dakta Fredric Wertham, ba wawa ba ne, kuma ba mugu ba ne. Likitan ƙwaƙwalwa ne haifaffen Jamus, wanda a 1946 ya buɗe asibitin Lafargue a unguwar Harlem don duba talakawa baƙaƙen fata a lokacin da asibitoci da yawa ke juya musu baya. Shaidar da ya bayar a kotun Delaware kan illar raba makarantun farare da baƙaƙe ta shiga cikin shari'ar da ta kai ga soke wannan wariya a 1954. A wannan shekarar ce ya fitar da littafinsa Seduction of the Innocent, inda ya ɗora wa littattafan zane alhakin kangarar yara. Hujjarsa ita ce kangararrun yaran da yake dubawa duk suna karanta su. Amma a zamanin kusan kowane yaro a Amurka yana karanta su, na kirki da kangararre, don haka hujjar ba ta bambance komai ba. Da aka buɗe takardunsa ga masu bincike a 2010, wata malamar jami'a mai suna Carol Tilley ta bi su ɗaya bayan ɗaya, ta wallafa a 2012 cewa ya sauya shekarun wasu yaran, ya haɗa maganganun yara daban-daban ya mayar da su na mutum ɗaya, ya kuma ɓoye abubuwan da suka fi bayyana halinsu, irin su rikicin gida. Kyakkyawar niyya ba ta wanke irin wannan aiki ba.

A ranar 21 ga Afrilu 1954 wani kwamitin Majalisar Dattawa ya zauna a New York, ana nunawa a talabijin. Wertham ya yi magana, sannan William Gaines, mai kamfanin EC da ya fi kowa shahara da labaran ban tsoro, ya gabatar da kansa don kare sana'arsa. Sanata Estes Kefauver ya ɗaga wani littafin EC sama. A bangon, wani mutum ne riƙe da gatari mai jini a hannu ɗaya, a ɗaya hannun kuma kan wata mata ya kama ta gashi. Sanata ya tambaye shi ko yana ganin wannan ya dace. Gaines ya amsa cewa ga littafin ban tsoro ya dace, wai da an ɗaga kan sama har an ga wuyan yana ɗigar jini, to da an wuce gona da iri. Washegari jaridu suka ɗauka. Ba zan kare wannan bango ba, kuma duk uban da ya gan shi a hannun ƙaramin ɗansa yana da gaskiya idan ransa ya ɓaci. Abin lura shi ne abin da aka yi da wannan ɓacin rai.

Majalisa ba ta kafa doka ba. Kamfanonin ne da kansu, don tsoron kada a kafa musu, suka haɗu suka tsara ƙa'idoji a Oktoba 1954, suka naɗa wani alƙali, Charles Murphy, ya riƙa duba kowane shafi kafin a buga. Littafin da ya tsallake sai a manna masa ɗan hatimi a kusurwar bango, wanda bai samu ba kuwa yawancin dillalai ba sa ko kwance ɗaurinsa. Da ƙa'idojin sun tsaya a kan jini da tsiraici, da babu mai gardama. Amma sun hana nuna 'yan sanda da alƙalai da jami'an gwamnati ta yadda mutuncinsu zai zube, sun wajabta cewa a kowane labari alheri ne zai yi nasara kuma mai laifi ya sha hukunci, sun haramta masu shan jini da gawawwaki masu tafiya, sun ma hana sa wasu kalmomin tsoro a sunan littafi, waɗanda da su EC ke cin kasuwa. Mai karatu ya tsaya ya duba: hana marubuci nuna ɗan sanda mai cin hanci, wace tarbiyyar yaro yake gyarawa? Hukuma yake karewa. Kamfanin Dell kuwa, mai buga labaran Disney, ya ƙi shiga tsarin, kuma babu abin da ya same shi, saboda girmansa ya fi ƙarfin dillalai. Ƙananan kamfanoni ne suka durƙushe, ɗaruruwan masu zane da marubuta suka bar sana'ar ba su sake komawa ba.

Labarin da ya fi tona asirin tsarin shi ne Judgment Day, wanda Al Feldstein ya rubuta, Joe Orlando ya zana. Wani ɗan sama jannati ne aka aika wata duniya ta mutum-mutumi don ya duba ko sun cancanci shiga tarayyar duniyoyi. Ya tarar an raba su gida biyu, masu ruwan lemo da shuɗɗa. Ƙirarsu ɗaya, kayan cikinsu ɗaya, amma shuɗɗan an ware su a unguwa ta daban, an tauye musu haƙƙi. Ya yanke hukuncin cewa ba su cancanta ba sai sun gyara. Tun farkon labarin fuskarsa a rufe take da hular kwano, sai a zane na ƙarshe, bayan ya koma jirginsa, ya cire ta, aka ga baƙar fata ne, gumi na ƙyalli a fuskarsa. Babu jini a labarin, babu tsiraici. An ma taɓa buga shi a 1953 lafiya lau. Da EC ta so sake bugawa a ƙarƙashin sabon tsari, Murphy ya ce sai an sauya launin mutumin, da aka ƙi ya ce to a goge gumin. Gaines ya yi barazanar fallasa maganar ga duniya, labarin ya fita yadda yake a fitowa mai kwanan Fabrairu 1956, kuma shi ne littafin zane na ƙarshe da EC ta buga. Wertham da ya yi yaƙi da wariyar launin fata, hukumar da yaƙinsa ya haifar ita ce ta nemi goge fuskar baƙin mutum daga shafi.

Akwai masu cewa talabijin ce ta kashe kasuwar, ba tacewa ba. Akwai gaskiya a ciki, don a waɗannan shekaru talabijin ta shiga gidajen Amurkawa, kuma ko babu tacewa ciniki zai ragu. Sai dai talabijin ta shiga Japan ma. A can ma iyaye sun tayar da ƙayar baya a 1955, amma ba a ɗora wa kowane littafi ma'aunin yara ba, sai kasuwar ta rabu: na yara maza, na 'yan mata, na manya. Zuwa 1995 mujalla ɗaya, Shonen Jump, tana buga kwafi sama da miliyan 6 a mako. Wasu kuma na cewa ai a ƙarƙashin hatimin ne Stan Lee da Jack Kirby da Steve Ditko suka ƙirƙiro jaruman Marvel daga 1961. Haka ne, kuma aikinsu abin yabo ne. Amma abin da hakan ke nunawa shi ne hanya ɗaya aka bari a buɗe, kowa ya bi ta, har Amurkawa suka shafe shekaru suna ɗaukar cewa littafin zane na yara ne kawai, labarinsa kuma na jarumi mai riga mai ɗamewa ne. Laifukan matasa da aka ce za a magance kuwa ƙaruwa suka yi a shekarun 1960.

Tsarin ya fara tsagewa ne ta inda ba a zata ba. Ma'aikatar lafiya ta gwamnatin Amurka ta roƙi Stan Lee ya rubuta labarin da zai gargaɗi matasa kan shan ƙwaya. Ya rubuta a cikin Spider-Man, hukumar tacewa ta ƙi ba shi hatimi saboda an ambaci ƙwaya, ko da kuwa don a yi tir da ita ne. Marvel ta buga fitowa 3 babu hatimi a 1971, aka saye su, dole aka sassauta ƙa'idojin a wannan shekarar. A 1992 Art Spiegelman ya samu lambar Pulitzer da Maus, labarin yadda mahaifinsa ya tsira daga sansanin Auschwitz, an zana Yahudawa a matsayin ɓeraye, 'yan Nazi a matsayin kyanwoyi, littafin da ba ya buƙatar hatimin kowa. Masana'antar fim ta Amurka ta koma tsarin rarraba finafinai bisa shekarun mai kallo tun 1968. Marvel ba ta yi haka ba sai 2001, kamfanonin DC da Archie suka ajiye hatimin a Janairu 2011, shekara 56 bayan kafa shi.

Wannan tarihi bai yi mana nisa ba, domin a Kano ma an cinna wa littattafan soyayya wuta a 2007 da irin wannan hujja ta kare tarbiyya. Iyaye da malamai da ke karanta wannan, haƙƙinku ne ku san abin da ke hannun yaranku, kuma haƙƙinku ne ku nemi a rubuta a bangon kowane littafi shekarun wanda ya dace ya karanta shi. Amma duk ranar da aka kawo muku ƙa'idar tacewa da sunan yara, ku karanta ta layi-layi kafin ku goyi baya, ku duba wane layi ne ke kare yaro, wane ne kuma ke kare mai mulki daga suka.