Kwaɗin Alassane: Wa Ake Adana wa Fim?

A shekarar 1966 Moustapha Alassane ya fitar da Bon voyage Sim, gajeren fim na zane mai motsi mai tsawon kusan minti biyar. Labarin shugaban wata jamhuriyar kwaɗi ne da ya tafi ziyarar aiki wata ƙasa, aka tarbe shi da fareti da duk irin shagalin da sababbin shugabannin Afirka suka gada daga Turawan mulki. Shekara shida kacal da samun 'yancin Nijar, ga ɗan ƙasa yana yi wa masu mulki zambo da fensir.

An haifi Alassane a N'Dounga a 1942. Da kanikanci ya fara, sannan ya haɗu da mai shirya fim Jean Rouch a cibiyar bincike ta IFAN a Yamai, daga nan ya tafi Kanada ya ga yadda Norman McLaren ke sarrafa zane. Kafin Sim ya yi La Mort de Gandji, a 1977 kuma ya yi Samba le grand da 'yan tsana, daga baya ya yi Kokoa, inda kwaɗi ke karawa a filin kokowa. Ya daɗe yana zaune a Tawa, garin da aka fara gasar takobin kokowa ta ƙasa a 1975. Ya rasu a Wagadugu a watan Maris na 2015.

Abin da nake son kafawa a nan shi ne, ceto zaren fim daga lalacewa rabin aiki ne kawai. Sauran rabin, wanda ya fi wuya, shi ne fim ɗin ya komo wurin mutanen da aka ɗauko shi daga rayuwarsu, tare da kayan da aka yi shi da su.

Rabin farko an yi ƙoƙari a kansa, kuma bai kamata a raina shi ba. Cinémathèque Afrique da ke Paris, wadda aka kafa a 1961, tana riƙe da fina-finan Alassane, kuma a 2017 gidan tarihi na MoMA a New York ya shirya nunin ayyukansa. Dalilin da ya sa irin wannan aiki ke faɗawa hannun baƙi a fili yake. Tsohon zaren fim na asitet ba ya jure zafi da danshi: yana fara warin tsami, ya tsuke, ya nannaɗe, hoton ya dushe. Ɗaki mai sanyi dare da rana yake bukata, mu kuwa kowa ya san halin wutar lantarkinmu. Irin wannan aikin ceto aka yi wa fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu (1976), wanda aka daɗe ana zaton ya ɓata, sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Najeriya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018.

To, mu dawo gida. A Rijiyar Zaki ta Kano da ƙauyukan Ungogo da ke bayanta, yaro ba ya zuwa silima, ba ya kuma da kuɗin data na zaman kallo a intanet. Wurin masu tura fina-finai yake kai wayar yayansa ko ɗan memori, a zuba masa Tom and Jerry da fina-finan Indiya masu fassarar Hausa. Wannan ita ce hanyar rarraba fim ta gaskiya a yankin, ko masana sun so ko sun ƙi. Yaron da ya tashi da tatsuniyar Gizo, wanda ke jin kukan kwaɗi a kududdufi duk damina, ba ya bukatar a yi masa sharhin Kokoa. Amma shi ne mutum na ƙarshe da zai gan shi. Hatsin yana rumbu lafiya lau, sai dai rumbun yana wata ƙasa kuma mabuɗin yana can.

Wani zai ce ai ga YouTube. Ɗora fim a YouTube ba adanawa ba ne. Kamfanin yana matse hoton, yana iya sauke shi da zarar wani ya yi ƙorafin haƙƙin mallaka, kuma sau da yawa mai ɗorawa ba ya faɗin daga wane kwafi ya samo, ko an yanke wani wuri. Ko Internet Archive, wadda aka kafa a 1996 don adanawa zalla, masu kutse sun rufe ta na kwanaki a Oktoban 2024. Ma'adanar kirki tana bukatar babban kwafi marar matsi a wurare fiye da ɗaya, da cikakken bayanin asalinsa, sannan ƙaramin kwafi mara nauyi da zai shiga waya mai araha. Bayanin kuma ya kasance da Hausa da Zabarmanci, ba Faransanci da Ingilishi kaɗai ba, domin abin da ba a iya nemowa da harshen mutum kusan babu shi a wurinsa.

Batun kayan aikin ya ma fi damuna. A fim ɗin zane, daƙiƙa ɗaya tana cin hotuna 24, kuma kowane motsi hannu ne ya yi shi. Saboda haka takardun zane, da 'yan tsanan da yadda aka ɗaure gaɓoɓinsu, da rubutun labari, da hotunan wurin aiki, su ne ilimin. Fim yana nuna abin da Alassane ya cim ma, kayan nan kuwa su ke nuna yadda ya yi da ɗan abin da ke hannunsa, kuma wannan ne darasin da matashi mai koyon katun a Kano ya fi bukata. Fim ɗin da Maria Silvia Bazzoli da Christian Lelong suka yi a kansa a 2009 ya kama wani ɓangare na wannan, amma bai maye gurbin ɗaukar hoton kowace takarda da kowace 'yar tsana ba.

Akwai hujja mai ƙarfi a ɗaya gefen: iyalan mamaci suna da haƙƙi, kuma satar fasaha ta riga ta gurgunta kasuwar Kannywood. Gaskiya ne. Sai dai kulle gajerun fina-finan da ba a sayar da su a kasuwarmu ba ya ƙara wa magada ko sisi. Abin da ya dace shi ne yarjejeniya a rubuce, a biya su, a saki ƙaramin kwafin don makarantu da gidaje.

Sabon mazaunin Jami'ar Bayero yana dab da Rijiyar Zaki a kan titin Gwarzo, kuma akwai Tsangayar Sadarwa a can. Jami'ar Jos tana koyar da adana fina-finai a matakin digiri na biyu. Alassane kansa ya yi shekaru yana jagorantar sashen silima a Jami'ar Yamai. Waɗannan jami'o'i uku su ya kamata su rubuta wa Paris da iyalinsa a Tawa, su nemi kwafi da izini, su fara aikin fassara da lissafa kayan tun masu sanin inda suke suna raye.